Asalin Ƙagaggun Labaran Kimiyya a Adabin Hausa

Ƙagaggen labarin kimiyya shi ne wanda aka gina abin al'ajabin da ke cikinsa a kan ilmi da ƙere-ƙere, kamar zuwa duniyar wata cikin kumbo, ko na'ura mai tunani irin na mutum, ko yadda zaman duniya zai kasance nan da shekara dubu. Inda ya rabu da hikaya shi ne wajen dalili. A hikaya aljani kan sunkuci mutum daga Kano ya dire shi a Bagadaza kafin ƙiftawar ido, ba mai tambayar yadda aka yi. A labarin kimiyya kuwa sai marubuci ya tanadi abin hawa, ya faɗi abin da ke tafiyar da shi, ya kuma san yadda matafiyi zai yi numfashi inda babu iska. Littafin Hausa da manazarta suka fi ambata a matsayin na farko a wannan fanni shi ne Tauraruwa Mai Wutsiya na Umaru Dembo, wanda aka buga a Zariya a 1969. Kafin fitowarsa fannin ya shekara arba'in da 'yan kai yana bunƙasa a Amurka, shi kuma ƙagaggen labari na Hausar boko ya shekara talatin da biyar a kan tasa turbar.

Mujallun Amurka

A Amurka mujalla ce ta raini fannin. A watan Afrilun 1926 Hugo Gernsback, wanda ya fara da sana'ar kayan rediyo, ya fito da Amazing Stories, mujallar farko da ta keɓe kanta ga irin waɗannan labarai. A takarda mai araha ake buga ta, kuma da tsofaffin labaran Jules Verne da H. G. Wells da Edgar Allan Poe ta buɗe. Astounding ta biyo baya a 1930. John W. Campbell ya zama editanta a 1937, ya riƙe ta har mutuwarsa a 1971, kuma shi ya ɗora wa marubuta sharaɗin cewa ilmin da ke cikin labari ya zama mai shiga hankali. Yakan mayar wa marubuci da rubutunsa haɗe da doguwar wasiƙar gyara. A hannunsa Robert Heinlein ya fitar da labarinsa na farko a 1939, a nan ne kuma Isaac Asimov ya fara jerin labaran Foundation a 1942. Ladan marubuci bai wuce kimanin santi ɗaya a kan kowace kalma ba, don haka mai son ci da alƙalami sai ya yi ta rubutu ba hutu. A 1944 mujallar ta buga wani labari na Cleve Cartmill da ya siffanta bam ɗin atam, har jami'an tsaro suka je ofishinta bincike, domin a lokacin ana cikin ƙera bam ɗin a asirce.

Bayan Yaƙin Duniya na Biyu aka shiga tattara labaran mujallu ana mayar da su kundi. Adventures in Time and Space, wanda Raymond Healy da J. Francis McComas suka tsara a 1946, ya kusa shafi dubu, kuma yawancin abin da ke cikinsa daga Astounding aka tsamo. Sababbin mujallu suka ɓullo: The Magazine of Fantasy and Science Fiction a 1949, Galaxy a 1950. Ray Bradbury ya harhaɗa gajerun labaransa suka zama The Martian Chronicles a 1950, Arthur C. Clarke na Ingila ya fitar da Childhood's End a 1953, shekarar da aka fara ba da kyautar Hugo. Tsani ne mai hawa-hawa: sabon marubuci ya gwada hannu a mujalla, masu karatu su yi masa hukunci a shafin wasiƙu, kundi ya adana wanda ya yi fice.

Turbar Zariya

A Arewacin Nijeriya hukuma ce ta jagoranci ɗab'in Hausar boko, kuma bukatarta ita ce a sami abin karantawa a makarantu. Hukumar Fassara ta rikiɗe ta zama Hukumar Talifi a Zariya ƙarƙashin Rupert East, wanda ya shirya gasar rubutu a 1933. Daga gasar aka sami Ruwan Bagaja na Abubakar Imam, da Ganɗoki na yayansa Bello Kagara, da Shaihu Umar na Abubakar Tafawa Ɓalewa, da Idon Matambayi na Muhammadu Gwarzo, da Jiki Magayi na John Tafida da East. Tafiye-tafiyen al'ajabi sun cika biyun farko. Alhaji Imam na Ruwan Bagaja ya kai ga ruwan maganin da yake nema da taimakon aljanu, Ganɗoki kuwa bayan ya gwabza da Turawa sai ya faɗa ƙasashen aljanu ya ci gaba da yaƙi. Magana Jari Ce, mai juzu'i uku, da ya fara fitowa a 1937, ya ɗebo daga Alfu Laila da labaran Indiya da na Turai ya zuba su a tukunyar Hausa. A farkon shekarun 1950 Ahmadu Ingawa ya yi Iliya Ɗan Maiƙarfi a kan wannan salo na jarumi da abin mamaki.

Kimiyya ta shigo ta wata ƙofa dabam. Daga ƙarshen shekarun 1940 East da Imam suka fitar da Ikon Allah, jerin littattafai masu bayanin halittu da yadda duniya take. Sunan da suka ba shi ya nuna yadda aka gabatar da sabon ilmin: nazari ne a kan hikimar Mahalicci, abin da mai karatu Musulmi zai karɓa ba tare da ɗar-ɗar ba. Sama ba baƙuwa ba ce ga Bahaushe tun kafin boko. Malamai na da ilmin hisabi da waƙoƙin ajami na lissafin taurarin damina, manomi ya san Kaza da 'ya'yanta, matafiyi ya san Gamzaki, kowa ya san Zara matar wata. Tauraruwa mai wutsiya kuwa akan ɗauki fitowarta alamar wani babban al'amari da ke tafe. Sai dai a littattafan Zariya hikaya na gefe guda, bayanin kimiyya na gefe guda, kowa da shagonsa.

Jaridu sun yawaita, amma aikinsu labarin duniya da wayar da kai. Gaskiya Ta Fi Kwabo ta fara fitowa a Janairun 1939 da Abubakar Imam a kujerar edita, aka kafa Kamfanin Gaskiya a Tukur-Tukur ta Zariya a 1945. A shekarun 1950 aka ɗaura ɗamarar Yaƙi da Jahilci, wanda Malam Ahmadu Coomassie ya yi fice wajen jagorancinsa, aka kuma kafa hukumar NORLA don samar wa sababbin masu karatu abin karantawa. Ita ta riƙa buga ƙananan jaridun larduna: Sodangi ta Kano, Zaruma ta Sakkwato, Bazazzaga ta Zariya, Himma ta Katsina.  Da an ƙetare iyaka an nufi Maraɗi kuwa, makarantar hukuma da Faransanci ake yin ta, babu wata maɗaba'ar gwamnati mai kama da ta Gaskiya da ke yi wa Hausa hidima. Saboda haka mafi yawan Hausar boko da aka buga a wancan zamani daga Zariya ta fito. A cikin waɗannan jaridu babu wadda aka keɓe wa ƙagaggen labari kaɗai, kuma NORLA ta rufe a 1959.

Zamanin kumbo

Tsakanin 1957 da 1969 al'amuran sama da na atam suka iso ƙasar Hausa da ƙafarsu. Sashen Hausa na BBC ya fara aiki a watan Maris na 1957, a watan Oktoban shekarar Rasha ta harba Sputnik, rediyon Kaduna kuma ya buɗe a 1962. A ranar 13 ga Fabrairun 1960 Faransa ta gwada bam ɗin atam a Reggane, cikin Saharar Aljeriya, mutane suka shiga fargabar abin da iskar hunturu za ta kwaso ta kawo kudu. Da gwaje-gwajen suka ci gaba, Nijeriya ta yanke hulɗar jakadanci da Faransa a Janairun 1961. A daidai wannan lokaci hukumar NASA ta Amurka ta kafa tasha a Kano, ɗaya daga cikin tashoshin da ke bin sawun kumbunanta, kuma tana cikin waɗanda suka yi aiki ranar da John Glenn ya kewaya duniya, 20 ga Fabrairun 1962. A watan Agustan 1963 marubucin Shaihu Umar, wanda ya zama Firayim Minista, ya yi magana ta waya da Shugaba Kennedy ta tauraron ɗan'adam mai suna Syncom 2. Da 'yan sama jannati suka taka wata a watan Yulin 1969, kalmar kumbo ta riga ta zauna a bakin jama'a da sabuwar ma'anarta, har Mamman Shata ya yi wa kumbo Apollo 11 waƙa.

A wannan shekara kamfanin ɗab'i na NNPC, wanda aka kafa a 1966 da haɗin guiwar Gaskiya da Macmillan, ya fitar da Tauraruwa Mai Wutsiya. Labarin wani yaro ne, Kilba, da ya haɗu da wani baƙo daga sararin samaniya mai suna Kolin Koliyo, ya ɗauke shi a abin hawansa suka yi sama. Ƙashin bayan labarin tsoho ne, wato matafiyi ya bar gida, ya ga abin da ido bai taɓa gani ba. Sabon abin shi ne gurbin da aljani ya saba cikewa, baƙo mai na'ura ne ya cike shi, abin da ake kallo a sama a matsayin ishara kuma ya zama ƙofar bincike. A nan hikaya irin ta Ruwan Bagaja da bayani irin na Ikon Allah suka haɗu a littafi guda.

Bayan 1969

Littafin bai sami magada da yawa nan kusa ba, kuma dalilin yana cikin tsarin ɗab'i. Kasuwar NNPC makarantu ce, abin da manhaja ta zaɓa shi ake maimaita bugawa. Babu mujallar wata-wata mai sayen gajeren labari, babu edita irin Campbell da zai tara marubuta a kan fanni ɗaya, babu kuma tarin labarai da za a tace a yi kundi. Gasar da NNPC ta shirya a ƙarshen shekarun 1970 ta fito da Mallakin Zuciyata na Sulaiman Ibrahim Katsina, da So Aljannar Duniya na Hafsatu Abdulwaheed, da Amadi Na Malam Amah na Magaji Ɗambatta, waɗanda aka buga a 1980. Da marubuta suka fara buga littattafansu da kuɗin aljihunsu a Kano daga tsakiyar shekarun 1980, aka sami kasuwa mai araha da saurin juyawa kamar ta mujallun Amurka, amma soyayya da zaman aure su suka mamaye ta. Masu sha'awar al'ajabi kuwa suka koma ga littattafan yaƙi masu takubba da matsafa da aljanu, wato zuriyar Ganɗoki da Iliya Ɗan Maiƙarfi.