Tarihin Gilashi da Asirin Daskarewarsa



Abin da zan yi magana a kansa yau abu ne wanda kowanenmu ya taɓa shi tun daga safe zuwa yanzu. Yana nan a tagogin ɗakunan karatu na Samaru, yana cikin tabarau da madubi, yana kuma jibge a Kasuwar Sabon Gari wajen masu sayar da kwalabe da masu yankan gilashin taga. 'Yan Adam sun fi shekara dubu huɗu suna sarrafa gilashi, amma har yau masana kimiyya ba su daidaita a kan yadda yake daskarewa ba. Nufina shi ne in bi tarihin wannan abu ta hanya biyu, watau ta hannun masu sana'a da kuma ta ƙwaƙwalwar masu bincike, don mu ga wanda ya riga wani, mu kuma ga abin da ya rage a wuyanmu.

Daskarewa iri biyu ce

Idan aka sa ruwa cikin firji, zai yi ta sanyi yana nan ruwa, har ya kai digiri 0 a ma'aunin santigireti. Da ya kai nan sai ya koma ƙanƙara. Babu wani matsayi tsakanin ruwa da ƙanƙara. Abin da ya faru shi ne, ƙananan ƙwayoyin da suka haɗu suka yi ruwan sun daina yawo, sun jeru sahu-sahu kamar masallata ran Idi, kowa ya san gurbinsa. Gishiri da sukari da galibin ƙarafa duk haka suke daskarewa.

Daskarewa ta biyu kowa ya san ta a wajen masu alewa. Idan aka dafa sukari har ruwansa ya ƙone, zafinsa ya kai wajen digiri 150, sa'an nan aka zuba shi a faranti mai sanyi, ba ya komawa garin sukari. Sai ya yi kauri, ya yi danƙo, ya ƙara kauri, har ya zama abu mai ƙyalli wanda in an ƙwanƙwasa ya tarwatse. Ba wanda zai nuna maka lokacin da ya bar zama ruwa. A wajen masana wannan alewa gilashi ce sosai. Ita kuwa mazarƙwailar da ake kawowa daga Maƙarfi, motsa ta ake yi tana hucewa, saboda haka ƙwayoyinta sukan sami sararin yin sahu, shi ya sa take gari-gari a baki. Rake ne asalinsu duka biyu, lokacin hucewa da irin hannun da aka sa musu su suka raba su.

To, gilashin kwalba ma haka yake. Narkakken yashi ne wanda sanyi ya riske shi tun ƙwayoyinsa ba su yi sahu ba, sai kowace ta tsaya cik inda take.

Abin da masu sana'a suka fara ganowa

Yashi tsantsa ba ya narkewa sai zafi ya kai wajen digiri 1,700, wutar itace kuwa ba ta kai haka. Dabarar da mutanen dā suka gano ita ce, in an gauraya yashi da tokar wasu tsire-tsire ko da kanwa, zai narke a zafin da itace da zugazugi za su iya kaiwa. A Iraki ta dā da Misra an yi ƙoƙuna da tuluna na gilashi tun wajen shekara 1500 kafin haihuwar Annabi Isa, duwatsun ado kuwa sun girme su. A ƙarni na ɗaya kafin haihuwarsa mutanen Sham suka ƙago busa gilashi da bututu, abin da ya sa kwalba ta yi arha. A zamanin Rumawa, kanwar da ake haƙowa a Wadi Natrun na Misra ita ce jigon sana'ar. A 1291 hukumar Banis ta Italiya ta tattara masu gilashinta a tsibirin Murano, ta kuma tsare asirinsu da dokoki masu tsanani.

An daɗe ana koya wa ɗalibai cewa duk dutsen ado na gilashi da aka tono a Afirka ta Yamma fatake ne suka kawo shi. Lalle an kawo da yawa. A Igbo-Ukwu, inda Thurstan Shaw ya yi tono a 1959 zuwa 1960 da kuma 1964, an sami duwatsun ado kimanin 165,000. A kaburburan Durɓi ta Kusheyi a ƙasar Katsina ma an sami na gilashi cikin kayan da aka binne manyan mutane da su. Amma binciken da Abidemi Babalola ya yi a Igbo Olokun cikin Ile-Ife, wanda aka buga sakamakonsa a 2017, ya sauya labarin. Ya tono duwatsun ado kusan 13,000, da fasassun tukwanen narki, da guntayen gilashin da ba a gama sarrafawa ba, na tsakanin ƙarni na 11 da na 15. Da aka auna sinadaransu sai aka tarar suna da yawan kalsiyam da alminiyam irin wanda ba a san shi a gilashin Misra ko na Turai ba. Watau dai Yarabawan Ife da kayan ƙasarsu suka haɗa nasu gilashin.

Wanda ya fi kusa da mu shi ne na Bida. A can akwai unguwar Masaga, wadda mutanenta ke faɗin cewa kakanninsu daga Misra suka taso. Leo Frobenius, Bajamushe, ya gan su a kan aiki kafin Yaƙin Duniya na Farko, S. F. Nadel kuma ya bayyana tsarin sana'arsu a littafinsa kan Nufawa na 1942. Suna toya yashi da kanwa cikin tanderu kwana da kwanaki har su sami baƙin gilashi wanda suke kira bikini, da shi suke yin ƙarau da duwatsun wuya. Kanwar daga arewa take gangarawa a hannun fatake, ƙarau ɗin kuma ya hauro kasuwannin ƙasar Hausa. Kalmar ƙarau kanta shaida ce cewa matanmu sun daɗe da sanin wannan kaya.

Jirgin ƙasa da kwalba

Jirgin ƙasa ya ratsa Zariya ya kai Kano a 1911, Sabon Garin Zariya kuma ya tsiro a gefen tasha. Tare da jirgi kwalba ta shigo a yalwace, ta magani da ta lemo da ta turare. Ga mai yin ƙarau wannan ganima ce. Me zai sa ya kwana yana zuga wuta a kan yashi, alhali ga gilashi gamamme, kore da ruwan ƙasa da shuɗi, ana sayar da shi da arha? Sai Masaga suka koma narka fasassun kwalabe, toya bikini ya yi ta ja da baya har aka daina.

Ba laifinsu ba ne, kowa ya sami sauƙi ba ya neman wuya. Amma a lura da abin da ya salwanta. Gwanintar lanƙwasa ƙarau ta tsira, sanin haɗa gilashi tun daga yashi shi ne ya kusa bin tsofaffi kabari. Mai narka kwalba yana dogara ne ga masana'antar wani. Irin wannan asara ta sami maƙeranmu ma, lokacin da tsohon ƙarfen mota da na reluwe ya kashe narka tama.

Masana sun biyo baya

Daga baya ne masana suka fara auna abin da masu sana'a suka sani da hannu. Tsakanin 1921 da 1926 mutum uku, Vogel da Tammann a Jamus da Fulcher a Amurka, suka fito da lissafin yadda kaurin narkakken gilashi ke ƙaruwa in yana hucewa. Abin da aka gani ya ba da mamaki. Kaurin ba ya ƙaruwa kaɗan-kaɗan, ninkuwa yake yi yana sake ninkuwa. A inda masana suka yarda a kira abu gilashi, kaurinsa ya ninka na ruwan sha sau lambar da ake rubutawa da 1 da sifiri 15 a bayanta. Ga gilashin taga wannan yana faruwa ne a wajen digiri 550. Wannan iyaka ma ba kafaffiya ba ce kamar ta ƙanƙara: in an sanyaya da sauri sai ta hau, in an sanyaya a hankali sai ta sauko.

A 1932 Zachariasen ya bayyana cewa ƙwayoyin gilashi a sarƙe suke da juna kamar raga marar tsari. Nan ne matsalar take. Idan ka duba zaman ƙwayoyin a narkakken gilashi da kuma a daskararre, da ƙyar za ka ga bambanci, amma ɗaya yana malala, ɗaya yana yanka hannu. Mene ne ya tsayar da su?

Ku ɗauki misalin cunkoso a Kasuwar Sabon Gari ana jajiberin Salla. In mutane kaɗan ne, kowa na wucewa abinsa. In sun ƙaru, ba ka motsawa sai na gabanka ya gusa. In sun ƙara ƙaruwa, sai mutum goma sun gusa tare kafin ɗaya ya sami hanya, can kuma sai ɗari. Ba wanda ya ɗaure kowa, amma kasuwa ta tsaya. Wannan shi ne gundarin ra'ayin da Adam da Gibbs suka kawo a 1965. Tun 1948 kuma Kauzmann ya nuna cewa in da za a iya ci gaba da sanyaya ruwa a hankali ba tare da ya yi sahu ba, lissafi zai kai ga abin da hankali ba ya ɗauka, watau ruwa ya fi mai sahu tsari. Daga nan masana suka rabu biyu. Wasu sun ce akwai wani sauyi na haƙiƙa a ɓoye wanda rashin lokaci ke hana mu kaiwa gare shi, wasu sun ce cunkoso ne kurum. A 1995 Philip Anderson, mai lambar Nobel, ya sa wannan a gaba cikin matsalolin daskararrun abubuwa da ba a warware ba. A 2021 Giorgio Parisi na Italiya ya sami lambar Nobel saboda lissafinsa kan abubuwa marasa tsari, amma gardamar ba ta mutu ba.

Akwai wata tatsuniya da ya kamata a kawar, cewa gilashin taga yana malala a hankali, wai shi ya sa tagogin tsofaffin majami'un Turai suka fi kauri daga ƙasa. A 1998 Edgar Zanotto na Barazil ya lissafa cewa hakan na bukatar lokacin da ya fi shekarun duniya nesa ba kusa ba. Rashin daidaiton daga wajen ƙira ne. Abin da ke malala da gaske shi ne kwalta: a Jami'ar Kwinsilan ta Ostireliya an zuba ta a mazurari a 1927, an buɗe bakinsa a 1930, ɗigo tara kaɗai ya faɗo, na taran a 2014.

Abin da ya shafe mu

Kada ma'aikaci ya ce wannan gardamar malamai ce. A 1960 Pol Duwez ya nuna a Amurka cewa ƙarfe ma yana zama gilashi in an sanyaya shi da tsananin sauri, kuma irin wannan ƙarfe ana sa shi cikin taransifoma don rage asarar wutar lantarki. Mafi kusa da Samaru, inda ake binciken aikin gona tun 1922, shi ne batun iri. A ƙarshen shekarun 1980 aka gano cewa cikin busasshiyar ƙwayar iri yakan zama gilashin sukari, wanda ke tsayar da lalacewa. In laima da zafi suka shige shi sai ya yi laushi, kamar alewa da damina, irin ya mutu. Wanda ke kula da ma'ajiyar iri, da wannan ilmi yake aiki, ko ya sani ko bai sani ba.

Saboda haka ina da roƙo biyu. Na farko ga masu koyon fasahar gilashi a Jami'ar Ahmadu Bello da abokansu na tarihi da na kimiyya: ku tafi Bida. UNESCO ta sa garin cikin biranen sana'ar hannu a 2021, amma lambar yabo ba ta rubuta ilmi. A zauna da dattawan Masaga, a rubuta irin yashin da irin kanwar da yawan kwanakin wuta, a auna su, a kuma rubuta sunan masu ilmin a kan aikin. Na biyu ga masu tsara manufofin gwamnati: muna da masana'antun kwalba a Ughelli da Agbara, muna da yashi, muna da ɗalibai. A ba bincike kuɗi da lokaci, gama gilashin da aka fitar daga wuta da gaggawa, ba a bar shi ya huce cikin toka ba, tsagewa yake yi.