Fil Mashal William Slim: Janar ɗin da ya jagoranci Yaƙin Bama

William Joseph Slim (1891–1970) hafsan sojan Birtaniya ne da ya jagoranci Runduna ta 14 a Yaƙin Duniya na Biyu, rundunar da ta ƙwato ƙasar Bama, wato Myanmar ta yau, daga hannun Japan. Ya fara aikinsa a Bama da shan kashi, ya ƙare shi da nasara, kuma bai taɓa ɓoye ɗaya don ya fito da ɗaya ba. Mafi yawan dakarunsa ba Turawa ba ne. Indiyawa ne da Gurkawan Nepal da 'yan Afirka, ciki har da dubban 'yan Najeriya, shi ya sa har gobe tsofaffi a ƙasar Hausa ke ambaton Yaƙin Bama.

Asali da tasowa

An haifi Slim ranar 6 ga Agusta, 1891, a Bristol, ya girma a Birmingham. Iyayensa ba masu hali ba ne, alhali a zamanin hafsancin soja a Ingila kusan gadon 'ya'yan attajirai da masu sarauta ne. Ya yi koyarwa a makarantar firamare, ya kuma yi aikin akawu a wani kamfanin ƙarafa. Ɓarkewar Yaƙin Duniya na Ɗaya a 1914 ce ta buɗe masa ƙofar da rashin dukiya ya rufe, aka ba shi ƙaramin hafsa.

An ji masa mummunan rauni a Gallipoli da ke Turkiyya a 1915, aka sake raunata shi a Iraƙi a 1917, aka kuma ba shi lambar jarumta ta Military Cross. A 1919 ya koma Sojan Indiya, inda albashi ke iya riƙe hafsan da ba shi da dukiyar gida, ya yi aiki da Gurkawa. Duk da haka sai da ya riƙa rubuta gajerun labarai da sunan aro na Anthony Mills yana sayar wa mujallu domin ya cike gurbi.

Darasin Gallabat

Da Yaƙin Duniya na Biyu ya tashi, an ba shi Birget ta 10 ta sojan Indiya, aka tura shi Sudan. A Nuwamba 1940 ya kai hari Gallabat, a kan iyakar Sudan da Habasha, inda Italiyawa suka yi sansani. Ya ci ganuwar garin, amma jiragen Italiya suka yi wa mutanensa ruwan bama-bamai, wasu suka watse, ya dakatar da harin. Daga baya ya amsa cewa laifinsa ne, domin ya zaɓi taka-tsantsan a inda ya kamata ya kutsa. A Janairu 1941 wani jirgi ya harbe shi a Eritiriya. Bayan ya warke ya jagoranci Dibishan ta 10 ta Indiya a Iraƙi da Siriya da Iran.

Janyewa daga Bama

A Maris 1942 aka aika shi Bama ya karɓi ragamar dakarun da Japanawa suka riga suka karya wa lago. Rangoon, babban birnin ƙasar kuma tashar jiragen ruwanta, ta faɗi kafin isowarsa. Dabarar Japanawa ita ce su ratsa daji su tare hanya a bayan abokan gaba. Sojojin Birtaniya kuwa sun dogara da motoci, saboda haka da zarar an tare titi sai su ruɗe. Slim ya janye da mutanensa tafiyar kimanin kilomita 1,400 har zuwa Indiya, suka isa a Mayu, daidai faɗuwar damina, cikin yunwa da cuta. Ita ce janyewa mafi tsawo a tarihin sojan Birtaniya.

A 1943 wani farmaki a yankin Arakan, a gaɓar tekun yammacin Bama, ya wargaje. Shugabansa, Janar Noel Irwin, ya nemi ya sauke shi, amma reshe ya juye da mujiya, Irwin ɗin aka cire. A Oktoba na wannan shekara aka naɗa Slim kwamandan sabuwar Runduna ta 14.

Yadda ya gyara rundunar

Abin da ya fara tunkara shi ne cuta. A 1943, duk sojan da aka kwashe daga fagen daga saboda rauni, kimanin 120 ake kwashewa saboda ciwo, musamman zazzaɓin cizon sauro. Ya wajabta shan maganin mepacrine, ya sa ana binciken bazata, ya kuma sauke kwamandoji uku da aka samu mutanensu ba sa sha. Ya sa aka kafa wuraren jinya kusa da fagen daga, don kada mai zazzaɓi ya shafe watanni a Indiya kafin ya dawo.

Na biyu shi ne guzuri. Ya kafa ƙa'ida cewa duk dakarun da aka kewaye su tsaya inda suke, jirage za su jefo musu abinci da harsasai. Da laimar jefo kaya ta yi ƙaranci, sai aka ɗinka ta da zaren da ake saƙa buhun algarara. Na uku shi ne ƙarfin zuciya. Landan ta fi mayar da hankali kan yaƙin Turai, har sojojin suna kiran kansu rundunar da aka manta da ita. Slim ya riƙa zagaya bataliyoyi da kansa, yana yi musu magana da Ingilishi ko Urdu ko harshen Gurkawa.

Imphal, Kohima da Meiktila

A Maris 1944 Janar Mutaguchi Renya ya kutsa Indiya da dakaru kimanin 85,000, ya kewaye garuruwan Imphal da Kohima. Slim ya amsa cewa bai yi tsammanin Japanawa za su iso Kohima da irin wannan sauri da yawa ba. Sai dai ƙa'idarsa ta yi aiki: waɗanda aka kewaye sun tsaya, jirage sun ciyar da su, Japanawa kuma guzurinsu ya ƙare. Zuwa Yuli sun janye, bayan fiye da 50,000 daga cikinsu sun mutu ko sun jikkata ko ciwo ya kayar da su.

A farkon 1945 ya yi wa Janar Kimura Heitaro dabara. Ya nuna kamar Mandalay kaɗai ya nufa, har da hedikwatar bogi mai aika saƙonnin rediyo, alhali ya zagaya da wasu dakaru a asirce suka ƙetare kogin Irrawaddy ta kudu, suka afka wa Meiktila, cibiyar kayan yaƙin Japanawa. Meiktila da Mandalay suka faɗi a Maris, Rangoon kuma a farkon Mayu. A wannan watan ya gana da Aung San, jagoran 'yan kishin ƙasar Bama da ya taɓa haɗa kai da Japan, ya amince su yi yaƙi tare.

Sojojin Afirka

Kimanin 'yan Afirka 100,000 aka kai yaƙin Bama. Dibishan ta 81 ta Afirka ta Yamma, wadda aka kafa a Najeriya a 1943, ta yi yaƙi a kwarin Kaladan, tana rayuwa da abin da jirage ke jefowa da abin da 'yan dako ke ɗauka a ka. Bataliyoyi uku na Najeriya sun shiga rundunar Chindit da ke kai hari a bayan abokan gaba. Dibishan ta 82 ta iso Arakan a ƙarshen 1944, lokacin da aka riga aka cire yankin daga ƙarƙashin Slim. Hausa ce harshen da hafsoshi ke magana da sojoji a bataliyoyin Najeriya. Barikin Dodan da na Myohaung a Legas, da Dalet a Kaduna, da Chindit a Zariya, duk daga wannan yaƙi suka samo sunayensu.

Kusan dukkan hafsoshinsu Turawa ne, albashin baƙar fata kuma bai kai na Bature ba. Slim da kansa ya lura cewa yawan Turawa a bataliyoyin Afirka ya hana kofur da sajan baƙar fata koyon jagoranci.

Bayan yaƙi

A Mayu 1945 Janar Oliver Leese ya yi yunƙurin raba shi da Runduna ta 14. Nan ma Leese aka sauke, Slim ya gaji kujerarsa. Ya zama babban hafsan sojan Birtaniya a 1948, Fil Mashal a 1949, sannan Gwamna Janar na Ostiraliya daga 1953 zuwa 1960. Littafinsa kan yaƙin, Defeat into Victory, ya fito a 1956. Ya mutu a Landan ranar 14 ga Disamba, 1970.

Sunansa bai tsira daga tabo ba. Shekaru bayan mutuwarsa, wasu da suka tashi a gidan yara na Fairbridge a Ostiraliya sun zarge shi da cin zarafinsu suna ƙanana. Iyalinsa sun musanta, amma a 2019 hukumomin Canberra suka yanke shawarar cire sunansa daga wani babban titi.

Ita kuwa daular da ya yi wa yaƙi ba ta daɗe a yankin ba. Indiya ta samu 'yancin kai a 1947, Bama kuma ranar 4 ga Janairu, 1948, ƙasa da shekara uku bayan dakarunsa sun shiga Rangoon.