Dakta Lambo da Ƙauyukan Aro

Masana ciwon taɓin hankali sun daɗe suna jayayya a kan tushensa. Wasu sun ce daga ƙwaƙwalwa da gado yake, saboda haka sai magani. Wasu kuwa sun ɗora laifin a kan halin zama, wato talauci da kaɗaici da mutuwar makusanci. Tarihin ƙasarmu yana da abin faɗi a nan.

A zamanin mulkin mallaka kulle majinyaci kawai ake yi. Gidan mahaukata na Yaba, wanda aka buɗe a Ikko cikin 1907, ba shi da maraba da kurkuku. Har ma a 1953 wani likita Bature da ya yi aiki a Kenya, J. C. Carothers, ya rubuta cewa wai da wuya baƙar fata ya kamu da ciwon damuwa.

Cikin 1954 Dakta Thomas Adeoye Lambo ya komo daga Ingila, ya kama aiki a asibitin Aro da ke Abeokuta. Sai ya sauki majinyata a ƙauyukan da ke kewaye, kowa da ɗan'uwansa mai jinya. Da rana su zo asibiti shan magani, da maraice su koma cikin jama'a, masu maganin gargajiya kuma suna taimakawa. Binciken da shi da su Alexander Leighton suka buga a 1963 ya nuna alamomin damuwa suna nan cikin Yarabawa, saɓanin zancen Carothers.

Ke nan Aro ta nuna likita da dangi abokan aiki ne. Hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka.