Labarin Zane a Ƙasar Hausa: Tarihinsa da Matsayinsa a Al'adun Jama'a

1.0 Gabatarwa

Manazarta adabin Hausa sun saba raba shi gida uku, watau zube da waƙa da wasan kwaikwayo, kuma kowane gida ya sami rabonsa na nazari a tarurruka irin wannan. Amma akwai wani nau'i da ya faɗa tsakanin adabi da fasahar zane, wanda ba a cika waiwayarsa ba. Shi ne abin da za mu kira labarin zane a wannan takarda. Manufarmu ita ce mu bi sawun shigowarsa ƙasar Hausa, mu kuma nemi amsar tambaya guda: me ya sa al'ummar da ta rungumi littattafan soyayya da finafinan bidiyo hannu bibbiyu ba ta kafa sana'ar labarin zane da harshenta ba? Ra'ayinmu shi ne, labarin zane ya zo wa Bahaushe ne ta ƙofofi biyu, ƙofar hukuma da ƙofar baƙin mujallu, kuma kafin ya sami ƙofa ta uku, watau kasuwar Hausawa ta kansu, wasu kafofi sun riga sun gaje masu karatunsa.

2.0 Ma'ana da Asali

Labarin zane shi ne labarin da ake bayarwa ta hanyar jera hotuna cikin gidaje, ɗaya na bin ɗaya, a kuma rubuta maganar kowane mutum kusa da bakinsa. Ya bambanta da littafi mai hotuna, inda rubutu ne ke ɗauke da labari, hoto kuwa ado ne. Ya kuma bambanta da zanen barkwanci na jarida, wanda sau da yawa gida ɗaya ne tak.

Masana sukan danganta farkon wannan fasaha ga Rodolphe Töpffer, wani malamin makaranta na birnin Janeba, a shekarun 1830. Jaridun birnin Niyok suka mai da ita abin kasuwa a shekarun 1890. A 1929 aka fara buga labarin Tintin a Beljiyam, a 1938 kuma Superman ya bayyana a Amurka, a wannan shekarar ce kuma mujallar yara ta Beano ta fito a Birtaniya. A Nijeriya, Akinola Lasekan ya yi suna tun shekarun 1940 da zanen siyasa a jaridar West African Pilot ta Nnamdi Azikiwe, yana yi wa mulkin mallaka shaguɓe.

3.0 Zane a Al'adar Hausawa

Bahaushe bai rasa fasahar zane ba kafin zuwan injin ɗab'i. Akwai zayyanar allo da ake yi wa mai saukar karatu, da adon bangon soraye, da aikin wuyan riga, da sassaƙar ƙwarya. Sai dai duk waɗannan siffofi ne na layi da kusurwa da dagi, ba safai suke kwaikwayon mutum ko dabba ba, ba kuma labari suke bayarwa ba. Labari aikin baki ne. Gizo da Ƙoƙi da Ɓotorami kowa ya san halinsu, amma kowane yaro shi ke ƙera kamanninsu a zuciyarsa yayin da ake yi masa tatsuniya da dare. Saboda haka, da labarin zane ya zo, ya haɗa abubuwa biyu ne da al'ada ta ajiye su dabam-dabam.

4.0 Ƙofar Hukuma

Ɗab'in boko na Hausa a hannun hukuma ya tashi. Hukumar Talifi ta Zariya, ƙarƙashin Dokta Rupert East, ita ta shirya gasar da ta haifar da Ruwan Bagaja da 'yan uwansa a farkon shekarun 1930, ita kuma ta fitar da Magana Jari Ce. A Janairun 1939 aka fara buga Gaskiya Ta Fi Kwabo, Abubakar Imam na editanta, sa'an nan aka kafa Kamfanin Gaskiya a 1945. A shekarun 1950 gwamnatin Jihar Arewa ta ɗaura ɗamarar Yaƙi da Jahilci, hukumar NORLA kuma ta riƙa buga ƙananan littattafai masu hotuna don sababbin masu karatu.

A duk wannan zamani hoto bawan darasi ne. Ana zana ƙuda don a koyar da tsabta, ana zana gona don a koyar da shuka a layi. Haka ma majigi da ake yawo da shi ƙauyuka: fim ɗin Baban Larai an yi shi ne don jan hankalin manoma ga hanyoyin noma na zamani. Jama'a sun ji daɗin kallo, amma sun san cewa bayan hoton akwai umarni.

Fitaccen labarin zane na Hausa da ya kauce wa wannan tsari shi ne Sauna Jac, wanda ya fito daga Zariya a zamanin kamfanin NNPC, kamfanin da aka kafa a 1966. Marubucinsa ya sa wa kansa suna Ɗan Fulani, alhali kuwa Bature ne, John Hare, tsohon jami'in mulki a Arewa wanda ya koma harkar buga littattafai. Sunan jarumin kansa abin lura ne, domin sauna a Hausa shi ne mutumin da ake ɗauka ba shi da wayo. Littafin ya shiga hannun 'yan makaranta na shekarun 1970 da 1980, ya kuma tabbatar da cewa Hausa na iya zama daram a cikin gidajen zane. Abin da bai samu ba shi ne magada masu yawa.

5.0 Ƙofar Baƙin Mujallu

A ƙarshen shekarun 1960 kamfanin mujallar Drum ya fitar da African Film, wadda ke ba da labari da jerin hotunan kyamara maimakon zanen hannu. Jaruminta, Lance Spearman, baƙar fata ne mai kwat da hula da bindiga, yana fatattakar miyagu. A Afirka ta Kudu ake ɗaukar hotunan, a sayar a Nijeriya da Gana da Kenya da wasu ƙasashe, har zuwa farkon shekarun 1970. Muhimmancinta shi ne, matashin Afirka ya ga mai kama da shi a matsayin gwarzo, saɓanin yadda aka zana baƙar fata a labarin Tintin na ƙasar Kwango, inda aka nuna su tamkar yara marasa wayo. A 1976 kuma Wale Adenuga ya fara Ikebe Super a Ikko, wadda ta fito da Papa Ajasco.

Waɗannan mujallu sun iso Kano da Kaduna da Zariya, suna yawo daga hannu zuwa hannu a makarantun kwana har su yage. Ko wanda Turancinsa bai nuna ba yakan bi labarin, domin gani ya kori ji. Amma da Turanci ko Turancin Buroka aka rubuta su, rayuwar da suke nunawa kuma ta wasu birane ce. Sun koya wa matasa son labari mai sauri, mai faɗa da soyayya, ba su bar musu abin koyi da Hausa ba.

6.0 Halin Karkara: Madobi da Kura da Bunkure

Abin da muka faɗa ya zuwa yanzu ya fi shafar birni. Don mu ga yadda al'amarin yake a karkara, ya dace mu dubi yankin da ke kudu da birnin Kano, watau Madobi da Kura da Bunkure, domin sauye-sauyen da za su iya samar da kasuwar karatu sun taru a can cikin ɗan lokaci. An kammala madatsar ruwa ta Tiga a 1974, aikin da gwamnatin Audu Bako ta fara, aka janyo ruwa ta hanyar magudanai zuwa filayen Kadawa da kewaye, noman rani na alkama da tumatir da shinkafa ya bunƙasa. A 1976 aka fara shirin ba da ilmin firamare kyauta ga kowa, a 1980 kuma gwamnatin Abubakar Rimi ta kafa hukumar ilmin manya ta Jihar Kano. Ke nan kuɗi sun shigo, masu iya karatu kuma sun ƙaru.

Duk da haka, hoton da aka buga da bayanin Hausa wanda ya fi isa ga manomin irin wannan yanki shi ne na malamin gona: takardun bayani da hotunan manna wa bango, irin waɗanda sashen faɗakar da manoma na Jami'ar Ahmadu Bello da ke Samaru ke bugawa, masu nuna yadda ake zuba taki ko feshin magani mataki-mataki. A siffa, wannan ɗan uwan labarin zane ne. A manufa kuwa, ci gaban ƙofar hukuma ne. Nishaɗin manomi yana akwatin rediyo, wanda ake rataya shi a gona, ba ya bukatar a iya karatu, ba ya kuma hana hannu aiki.

7.0 Dalilan Rashin Kafuwa

Dalili na farko da akan kawo shi ne addini, saboda hadisan da suka yi hani ga suranta abu mai rai. Ba ma musun tasirin wannan, amma bai isa hujja shi kaɗai ba. A mazhabar Malikiyya, wadda ita ake bi a ƙasar Hausa, haramcin ya fi ƙarfi ne a kan cikakkiyar sura mai inuwa, watau gunki, hukuncin zane a takarda kuwa ya fi sauƙi. Ban da haka, kasuwannin Kano sun daɗe da hotunan shehunan ɗariƙu da kalandu. Misira ma ta fara mujallar yara ta Sindibad a 1952 da Samir a 1956, dukansu cike da labarin zane.

Dalili na biyu, wanda muke ganin ya fi nauyi, shi ne kuɗi. Littafin zube mutum ɗaya ne ke rubuta shi, ya kai wa mai keken rubutu da ƙaramar maɗaba'a. Labarin zane kuwa yana bukatar marubuci da mai zane, kowane shafi kuma aikin kwanaki ne. Bayan karyewar darajar naira a 1986 takarda da tawada suka yi tsada, manyan kamfanoni suka koma ga littattafan makaranta. A daidai wannan lokaci ne matasan Kano suka fara buga littattafansu da kansu, kamar Budurwar Zuciya na Balaraba Ramat Yakubu a 1987 da In Da So Da Ƙauna na Ado Ahmad Gidan Dabino a 1991. Mai zane ya sami aiki a wannan kasuwa, amma a bangon littafi kawai.

Dalili na uku shi ne allon kallo. Finafinan Indiya sun riga sun mamaye silimun Kano, wasannin talabijin irin su Samanja sun ba jama'a jarumai masu magana da Hausa, sa'an nan a 1990 ƙungiyar Tumbin Giwa ta fitar da Turmin Danya a kaset ɗin bidiyo. Wanda ke son labari cikin hoto ya sami hoto mai motsi da murya da waƙa.

8.0 Kammalawa

Mun ga cewa labarin zane bai zama babbar sana'a a Hausa ba, amma ba daidai ba ne a ce bai bar gurbi ba. Yana cikin abubuwan da suka saba wa ƙarnin 1960 da 1970 da karatun nishaɗi, sha'awar da adabin kasuwar Kano da finafinan Hausa suka ci gajiyarta. Zanen barkwanci kuma bai mutu ba: ayyukan Mustapha Bulama na jaridar Daily Trust sun yaɗu ta wayar hannu, wadda ta kawar da matsalar takarda da tawada da ta daƙile magabata.

Akwai aiki biyu a gaban jami'o'inmu. Na farko, a tattara abin da ya rage na waɗannan littattafai da takardun malaman gona a adana, domin a takarda mai araha aka buga su, kuma gara ba ta jiran manazarci. Na biyu, sassan Hausa su haɗa kai da sassan koyar da zane, don ɗalibin da ya san tatsuniya da tarihin Kano ya zauna da wanda ya iya riƙe alkalamin zane.