Mukulli da Takardar Sito: Tarihin Yadda Kwamfuta Ke Gabatar da Kanta

A Kasuwar Singa, wadda ta shimfiɗu tsakanin Fagge da Sabon Gari, kaya ba su cika kwana inda ake cinikinsu ba. Ciniki a shago ake yin sa, buhunan sukari da shinkafa da katan-katan na taliya kuwa suna can cikin sito. Idan mai saye ya biya, sai a rubuta masa takarda, ya kai wa mai tsaron sito, a ƙirga masa abin da aka rubuta, a ɗora wa 'yan dako. Babu attajirin da zai zaro mukullin sito daga aljihu ya miƙa wa baƙo, ya ce je ka ɗebi naka. Takarda tana da iyaka: ta ambaci kaya, ta ambaci adadi, kuma da an sallami mai ita ta tashi daga aiki.

Wannan hikimar da kowane yaron shago ya sani, sai da intanet ta shafe kusan shekara ashirin kafin ta rungume ta. Tarihin yadda ake aika suna da kalmar sirri tare da buƙatar da kwamfuta ke turawa, tarihi ne na ƙaura daga miƙa mukulli zuwa rubuta takarda. Ya kuma shafi Singa kai tsaye, domin kuɗin da ke shiga asusun 'yan kasuwarta a yau, a kan irin waɗannan buƙatu suke tafiya.

Mai gadi marar tunani

Kalmar sirri ta girmi intanet. A farkon shekarun 1960, a jami'ar MIT da ke Amurka, Fernando Corbató da abokan aikinsa suka gina tsarin CTSS, inda mutane da yawa ke amfani da kwamfuta guda, kowa da kalmarsa. Ba a je ko'ina ba aka ga gibin abin: a 1962 wani ɗalibi mai suna Allan Scherr, da sa'o'in da aka ware masa suka yi masa kaɗan, ya sa na'urar ta buga masa fayil ɗin da ke ɗauke da kalmomin kowa. Tun ran gini tun ran zane: wahalar kalmar sirri ba ta ƙirƙira ba ce, ta ajiya da ɗauka ce.

Da Tim Berners-Lee ya tsara ƙa'idar HTTP a cibiyar CERN da ke kusa da Janiba, ya yi ta ne marar riƙo. Babbar kwamfutar da ke amsa buƙatu, wadda ake kira sabar, ba ta tuna wanda ya zo ɗazu. Tamkar mai gadi ne da ke manta fuska da zarar an juya baya. Ko sau ɗari mutum ya dawo, sai ya sake faɗin ko shi wane ne.

A 1993 Ari Luotonen, ɗan ƙasar Finlan da ke aiki a CERN, ya fito da mafita mafi sauƙi, wadda aka sa wa suna Basic, aka kuma rubuta ta cikin takardar ƙa'ida mai lamba RFC 1945 a watan Mayun 1996. Idan aka nemi shafi mai kulle, sabar ta amsa da lamba 401, ma'ana a gabatar da kai. Mai nema sai ya haɗa sunansa da kalmarsa, ya raba su da ɗigo biyu, ya juya su zuwa rubutun Base64, ya liƙa a goshin buƙatar. Mai suna musa da kalmar kano zai aika bXVzYTprYW5v.

Ga ido wannan ya yi kama da sirri, amma ba sirri ba ne. Kamar a rubuta Hausa da ajami ne maimakon boko: wanda bai iya ba zai ga duhu, wanda ya iya zai karanta nan take, kuma kowace kwamfuta ta iya. Marubutan ƙa'idar ba su ɓoye wannan ba. Sun faɗa ƙarara cewa tsarin ba ya kare kalma daga mai saurare a hanya. Abin dariya ma, misalin da suka kawo shi ne sunan Aladdin tare da kalmar da ke buɗe kogon ɓarayi a labarin Ali Baba, kalmar da Ali Baba ya samu ta hanyar laɓewa a kan bishiya.

Ɗan aiken da aka haifa don canji

Kayan aikin da ya fi kowanne yaɗa wannan al'ada, asalinsa harkar da 'yan Wapa za su gane ce. A ƙarshen 1996 Daniel Stenberg, ɗan ƙasar Suwidin, yana son wata 'yar manhaja tasa ta riƙa faɗa wa abokan hirarsa farashin canjin kuɗaɗe. Don ɗauko farashin kullum daga intanet, ya ɗauki wata ƙaramar manhaja mai suna httpget, ta Rafael Sagula ɗan Burazil, ya ci gaba da faɗaɗa ta. Ranar 20 ga Maris 1998 ta fito da sunan curl.

Aikin curl aikin ɗan aike ne. Ba shi da hoto, ba shi da maɓallin latsawa. A layin umarni ake rubuta masa saƙo, wato baƙin allon nan da ma'aikatan kwamfuta ke magana da na'ura a rubuce. A ba shi adireshi, ya je ya karɓo amsa. A ƙara masa -u da suna da kalma, ya gabatar da su a ƙofa. A yau yana cikin wayoyi da motoci da talabijin, kuma tun 2018 yake zuwa a cikin Windows 10.

Sauƙin nan shi ne ya zama tarko, domin kalmar da aka rubuta a layin umarni tana iya zuba a wurare uku.

Na farko, a hanya. Wannan shi aka fara toshewa: kamfanin Netscape ya fito da SSL a 1995, wanda ya haifi HTTPS, inda ake rufe saƙo gaba ɗaya cikin ambulan da sabar kaɗai ke iya buɗewa. Amma takardar shaidar da ake buƙata tana da tsada da wahala, don haka shafuka da yawa suka zauna a buɗe har sai da Let's Encrypt ta fara raba ta kyauta a ƙarshen 2015.

Na biyu, a gida. Layin umarni yana ajiye tarihin duk abin da aka rubuta cikin wani fayil, kuma a kwamfutar da mutane da yawa ke tarayya, wani na iya hango umarnin da ke gudana. Shi ya sa curl ya tanadi hanyoyi biyu: a ba shi suna kawai, ya tambayi kalmar ba tare da nuna ta ba, ko ya karanto ta daga fayil ɗin .netrc, al'adar da aka gada daga manhajar ftp ta Unix.

Na uku, a ƙofar da ba ita ba. Sabar tana iya ce wa ɗan aike ya wuce wani adireshin. A Janairun 2018, cikin fitowa ta 7.58.0, aka gyara wani kuskure a curl da ke sa ya miƙa bayanan shaidar da aka liƙa masa da hannu ga adireshi na biyu, ko da na wani ne daban.

Daga mukulli zuwa takarda

Ko an toshe duka ukun, babbar illa tana nan: kalmar sirri mukullin gida ce dungurungum. Duk manhajar da aka ba ita don ƙaramin aiki ta sami ikon yin komai, kuma ba a iya korar ta sai an sauya kwaɗon kowa.

A ƙarshen 2006 Blaine Cook na Twitter da wasu abokansa suka fara neman magani, suka fitar da OAuth a Disambar 2007. Twitter ta rufe ƙofar Basic ga manhajoji a ƙarshen Agustan 2010, kuma a Oktoban 2012 aka fitar da OAuth 2.0 cikin RFC 6749. Manufar ita ce ta Singa: mai asusu ya gabatar da kansa sau ɗaya, a ba manhaja wata alama mai iyakantaccen iko da ƙayyadadden lokaci, wadda za a iya sokewa ita kaɗai. GitHub, rumbun da masu rubuta manhaja ke ajiye aikinsu, ya daina karɓar kalmar sirri daga layin umarni ranar 13 ga Agustan 2021.

Sai dai sunan da aka ba irin alamar da ta fi yaɗuwa, Bearer, ma'anarsa mai ɗauke da ita. Ba a tambayar wane ne shi. Duk wanda ya tsinci takarda, shi za a ƙirga wa buhuna. A 2016 wasu suka sami mabuɗan kamfanin Uber a cikin rumbunsa na GitHub, suka kwashi bayanan mutane miliyan 57. Ba fasa ƙofa suka yi ba. Takarda suka tsinta.

Yadda abin ya iso Kano

Fagge ta san baƙi tun kafin jirgin ƙasa ya iso Kano a 1911. Nan ne zangon ayarin Buzaye, inda fatake ke sauka hannun mai masauki, dillali ya tsaya musu, lamuni ya gudana bisa sanin fuska da sanin asali. Tsabar kuɗi ta ci gaba da mulkin kasuwa har bayan da Babban Bankin Najeriya ya faɗaɗa tsarin rage amfani da ita zuwa Kano a 2013, ya kuma ƙaddamar da lambar BVN a Fabrairun 2014. Abin da doka ba ta yi ba, wahala ta yi: sauya fasalin naira da aka sanar a Oktoban 2022 ya jawo ƙarancin takardun kuɗi a farkon 2023, ya tilasta wa mai sari da mai kiri karɓar tiransifa da ajiye na'urar POS.

A bayan kowane alat akwai buƙata mai ɗauke da shaida. Paystack, wanda Shola Akinlade da Ezra Olubi suka kafa a 2015, yana koya wa masu haɗa manhaja aikinsa ne da misalan curl, inda ake liƙa mabuɗin sirri a matsayin Bearer. Monnify na kamfanin Moniepoint kuwa ya haɗa zamani biyu: a fara gabatar da mabuɗai biyu ta tsohuwar hanyar 1993, sannan a karɓi alama ta ɗan lokaci a ci gaba da aiki da ita.

A nan ne amana ta sauya hannu ba tare da an lura ba. Attajirin da ya ɗauki matashi ya haɗa masa manhajar lissafin kaya da karɓar kuɗi, ya ƙara mutum guda cikin masu riƙe da mukulli, ko ya sani ko bai sani ba. Mabuɗin da ya fara da sk_live na asusun gaske ne, ba na gwaji ba. Yana buɗe bayanan abokan ciniki, kuma gwargwadon yadda aka tsara asusun, yana iya taɓa kuɗi. Idan aka ɗauki hoton allo aka tura a WhatsApp don neman taimako, ko aka bar shi cikin tarihin kwamfutar da za a kai gyara, ya fita ke nan, ba tare da an ga ɓalle a ƙofa ba.

Tambayoyin da suka kamaci mai dukiya ba sa buƙatar ilimin kwamfuta. Wa ke riƙe da mabuɗin? A ina yake kwana? Me yake iya buɗewa, me ba ya iyawa? Idan mai riƙe da shi ya bar aiki gobe, wa zai sauya shi, kuma cikin minti nawa? Kamfanonin biyan kuɗi sun tanadi hanyar soke tsohon mabuɗi a fitar da sabo, amma ba su da hanyar sanin ranar da ya dace a yi hakan. Wannan sanin yana wurin mai shago, kamar yadda sanin ranar sauya kwaɗo ya kasance a wurinsa tun fil azal.