2.3 Gardi da Sana'ar Wasan Kura a Kaduna

Gardi shi ne mai yawo gari-gari da kura ko maciji ko gwaggon biri, yana wasa da su a bainar jama'a. Galibi gadon sana'ar ake yi. Bayan Kaduna ta zama hedikwatar lardunan Arewa a 1917, ta tara baƙi da kasuwanni, kamar ta Kawo mai ci ran Talata, kuma irin wuraren nan gardi yake nema. Sai dai 'yan kallo kan fahimci sana'ar a baibai. Kura mai takunkumi da kiɗan ganga kiran jama'a ne kurum. Abincin gardi yana ga layu da maganin saran maciji da yake sayarwa in an taru, domin wanda ya ga maciji a wuyansa ba ya musun maganinsa.