Gwamnatin Kamaru da Ƙungiyoyin Ajiya da Lamuni a Lokacin Karyewar Bankuna

1.0 Gabatarwa

Ƙungiyar ajiya da lamuni ƙungiya ce ta gama-kai wadda mutanen gari ɗaya ko ma'aikatan wuri ɗaya suke kafawa, su riƙa tara kuɗinsu a cikinta, wanda ya buƙaci rance a cikinsu kuma a ba shi daga abin da aka tara. Ta yi kama da adashi, wanda ake kira njangi a yammacin Kamaru, sai dai ita tana da rajista da littattafan lissafi da shugabannin da 'ya'yanta suka zaɓa. Wannan takarda za ta bi tarihin irin waɗannan ƙungiyoyi a Kamaru, musamman abin da gwamnati ta yi domin daidaita su bayan karyewar bankunan ƙasar daga ƙarshen shekarun 1980. Za a ga cewa gwamnati ta fara da sakar musu mara, sannan daga baya ta dawo tana neman linzamin da za ta sa musu.

2.0 Asalin Ƙungiyoyin

A shekarar 1963 wani limamin cocin Katolika mutumin Holan, Anthony Jansen, ya kawo wannan tsari yankin Njinikom da Kikaikelaki, a tsaunukan arewa maso yammacin Kamaru. Manoman wurin ba su da banki kusa da su, wanda ya sayar da kofi sai ya ɓoye kuɗinsa a ɗaki. Tsarin ya karɓu da sauri, har a shekarar 1968 ƙungiyoyi 34 suka haɗu suka kafa uwar ƙungiya mai hedkwata a Bamenda. Bayan da aka soke tsarin tarayya a 1972, uwar ƙungiyar ta ɗauki sunan da aka san ta da shi, wato CamCCUL.

Aikin uwar ƙungiyar shi ne binciken littattafan rassanta, da horar da ma'aikatansu, da riƙe asusun tsakiya inda kowace ƙungiya ke ajiye wani kaso na abin da ta tara. A gefen hukuma kuwa, dokar 1973 ta sa dukkan ƙungiyoyin gama-kai a ƙarƙashin kulawar gwamnati ta hannun ma'aikatar aikin gona. Wato dai ana kallonsu a matsayin sha'anin manoma, ba a lissafa su cikin cibiyoyin kuɗi ba.

3.0 Yadda Bankuna Suka Karye

Tattalin arzikin Kamaru ya dogara ne a kan man fetur da koko da kofi da auduga. A wajen 1986 farashin waɗannan kayayyaki ya faɗi a kasuwar duniya, kuɗin shigar gwamnati ya ragu ƙwarai, ta shiga janye ajiyarta daga bankuna. A nan ne asirin bankunan ya tonu, domin sun daɗe suna ba kamfanonin gwamnati da manyan mutane bashin da ba a biya. A 1988 ƙasar ta ƙulla yarjejeniya da Asusun Ba da Lamuni na Duniya, a 1989 kuma aka rufe manyan bankuna irin su Cameroon Bank da SCB da BCD da Paribas Cameroun. A wannan shekarar ce gwamnati ta kafa hukumar karɓo basussuka mai suna SRC, domin ta bi waɗanda suka ci bashin bankunan, ta biya masu ajiya da abin da ta samo. Ba a tsaya nan ba: bankin Meridien BIAO ya rushe a 1996, bankin manoma na Crédit Agricole ya bi shi a 1997.

Wannan guguwa ta bugi ƙungiyoyin ajiya ta fuska uku. Da farko, wani kaso na kuɗinsu yana ajiye ne a bankunan kasuwanci, saboda haka da bankuna suka rufe sai ya maƙale. Na biyu, hukumar sayen amfanin gona ta kasa biyan manoma kuɗin kayansu har aka rushe ta a 1991, manomin da bai karɓi kuɗinsa ba kuwa ba shi da abin biyan bashi. Na uku, a 1993 an zabtare albashin ma'aikatan gwamnati har sau biyu, sannan a watan Janairun 1994 aka karya darajar kuɗin sefa da rabi. Ma'aikacin da ya ci bashi bisa tsohon albashinsa sai ya tarar abin da ke shigo masa bai kai na cefane ba.

Duk da haka, ƙungiyoyin ba su bi bankuna cikin rami ba. Rancensu ƙanana ne, mai cin bashi sai ya kawo masu tsaya masa daga cikin 'yan'uwansa 'ya'yan ƙungiya, kuma kowa ya san gidan kowa. Mutanen da suka yanke ƙauna daga banki ma sai suka juyo wajensu.

4.0 Matakan Gwamnati

4.1 Sakin Mara

Gwamnati ba ta da kuɗin da za ta zuba wa ƙungiyoyin, abin da ke hannunta doka ce. A watan Disamban 1990 ta fitar da dokar 'yancin kafa ƙungiyoyi, sannan a ranar 14 ga Agusta 1992 ta fitar da sabuwar dokar ƙungiyoyin gama-kai. Wannan doka ta janye hannun hukuma daga cikin harkokinsu, ta sauƙaƙa rajista ƙwarai, amma ta bar masu karɓar ajiya a ƙarƙashin ma'aikatar aikin gona, wadda ba ta da ma'aikatan da suka san binciken kuɗi.

Nan da nan ƙungiyoyi suka yi ta tsirowa a Duwala da Yawunde da sauran birane. Da yawa daga cikinsu tsofaffin ma'aikatan bankunan da aka rufe ne suka buɗe su, suna aikin banki sosai da sunan gama-kai. Wasu sun yi aiki tsakani da Allah. Wasu kuwa sun karɓi kuɗin jama'a, suka raba wa kansu da 'yan'uwansu a matsayin bashi, aka wayi gari an ga kwaɗo a ƙofa.

4.2 Ɗaura Linzami

Ganin haka, a watan Satumban 1998 Firayim Minista ya sa hannu a kan dokar da ta tilasta wa duk ƙungiyar da ke karɓar ajiya ta nemi izinin ma'aikatar kuɗi. Hukumar COBAC, wadda ƙasashe shida na tsakiyar Afirka masu amfani da sefa suka kafa a 1990 domin sa ido a kan bankuna, ita ma aka faɗaɗa aikinta.

Babban mataki ya zo ne a ranar 13 ga Afrilu 2002, lokacin da ƙasashen shida suka amince da doka guda ta ƙananan cibiyoyin kuɗi. Dokar ta kasa su gida uku. Rukuni na ɗaya su ne masu karɓar ajiya da ba da rance ga 'ya'yansu kaɗai, nan ne ƙungiyoyin CamCCUL suka faɗa. Rukuni na biyu masu hulɗa da kowa da kowa, an ɗora musu jarin sefa miliyan 50. Rukuni na uku masu ba da rance ba tare da karɓar ajiya ba, jarinsu miliyan 25. Aka ba su wa'adin shekara 5 su daidaita.

Dokar ba ta hana asara nan take ba, domin masu binciken COBAC kaɗan ne, cibiyoyin kuwa ɗaruruwa. Rufe COFINEST a 2011, ɗaya daga cikin manyan rukuni na biyu, ya jefa dubban 'yan kasuwa cikin kuka. Asusun lamunce ajiya na yankin, FOGADAC, wanda aka kafa a 2009, an gina shi ne domin masu ajiya a bankuna. Saboda haka a 2017 aka sake dokar: jarin rukuni na biyu ya koma miliyan 300, na uku miliyan 150, aka kuma wajabta wa kowace ƙungiyar rukuni na ɗaya ta shiga ƙarƙashin wata uwar ƙungiya. Da wannan, hukuma ta mayar da tsarin da mutanen Bamenda suka fara tun 1968 ya zama doka.

5.0 Bankin Ƙungiyoyin

Ita ma CamCCUL ta ɗauki darasi. Domin kada kuɗin 'ya'yanta ya sake maƙalewa a hannun wasu, ta kafa bankinta, Union Bank of Cameroon, wanda ya fara aiki a 2000 a Bamenda. Amma riƙon banki ya fi ƙarfin jarinta. A 2008 bankin Oceanic na Nijeriya ya sayi kaso mafi yawa, sai ga shi a watan Agustan 2009 Oceanic ɗin kansa yana cikin bankunan da Babban Bankin Nijeriya ya sauke shugabanninsu. Ecobank ya gaji Oceanic a 2011, daga ƙarshe a 2021 gwamnatin Kamaru ta zuba jari ta zama mai kaso mafi yawa a bankin.

6.0 Kammalawa

Tarihin nan ya nuna cewa abin da ya tsare kuɗin talaka a Kamaru lokacin da bankuna suka rushe shi ne sanayya tsakanin 'ya'yan ƙungiya da binciken da uwar ƙungiya ke yi wa rassanta. Dokar 1992 ta buɗe ƙofa ba tare da mai gadi ba, sai da aka shafe shekara 10 kafin a samar da cikakkiyar dokar sa ido, kuma a tsakanin nan masu ƙaramin ƙarfi ne suka yi asarar ajiyarsu. Ga ƙasashe maƙwabta masu nasu ƙungiyoyin gama-kai da ƙananan bankuna, Hausawa sun riga sun faɗi abin yi: idan gemun ɗan'uwanka ya kama wuta, shafa wa naka ruwa.